Yadda Na Kai Ƙarar Baturiya Wajen Gwaggo

Jama'a ku taya ni murna, littafin ya fito, sunana na ciki, kuma ban ji kunya ba! Yau da safe mai kawo wasiƙa ya zuro shi ta ramin ƙofa, ya faɗo tim a kan takalman 'yan gidanmu. Ko ɗankwali ban ɗaura ba na sauko da gudu, na yage ambulan da haƙori, na buɗe shafin godiya. Ga ni nan a layi na uku. Ga Gwaggona a layi na biyu, ita da ba ta san ko "zo in kashe ki" ba a Turanci. Ihun da na yi sai da yaron ɗakin sama ya fito riƙe da tukunyar kashe gobara. Yanzu haka a bas nake, kan Bristol Road, hannu ɗaya na riƙe da ƙarfe, da babban yatsa ɗaya nake rubuta muku wannan, don haka wanda ya ga kuskure ya haɗiye abinsa.

Bari in koma baya don waɗanda ba su san kan zancen ba.

Na zo Birmingham yin masters ne a kan ruwan sha da magudanai, da scholarship. Gidanmu a Selly Oak yake, mu shida, ɗakina kuwa in na miƙe ƙafa sai na gaisa da bango. Ashe na sauka ƙasar nan daidai lokacin da gwamnatinsu ta ce kowa ya tsuke bakin aljihu. Duk inda ka juya an rage wani abu. Ƙaramin laburaren da ke kusa da mu aka mayar da shi kwana uku a sati, aka sallami ma'aikata, aka liƙa takarda a ƙofa ana neman masu aikin sa kai. Na rubuta sunana. Mutane na ce musu don CV na yi. Gaskiyar magana, hitar laburaren nan ta fi ta gidanmu imani.

A can na gan ta. Wata tsohuwar Baturiya 'yar firit, gashi fari fat, rigar sanyi biyu a jiki, kullum tana teburin da ya jingina da hita. Gabanta filas ɗin shayi, fensir, da kwalayen takalmi guda uku cike da ƙananan katuna. Ranar farko na je wucewa, na ɗan rusuna na gaishe ta yadda aka koya min a gida. Sai ta leƙa ƙarƙashin tebur ta ce, "Me ya faɗi?"

Na ce babu komai, gaisuwa ce. Ta ciro kati ta rubuta.

Bayan sati biyu ina jera littattafai na ci karo da wasu guda bakwai masu suna ɗaya a gefe. Kowanne bangonsa hoton mace ne cikin rigar nan tasu ta da mai kama da laima, kuma kowacce an yanke hoton daga wuya, babu kai. Na juya baya, sai ga hoton marubuciyar. Na kalli hoton, na kalli teburin hita, na sake kallon hoton.

"Mama, ke ce wannan?"

"Ni ce," in ji ta, "kafin gwiwa ta juya min baya."

"To me ya sa matan ba su da kai?"

"Tambayi masu buga littafi. Shekara talatin ina tambaya."

Nan take ta ce in riƙa kiran ta da sunanta. Na ce a raina tabɗijam, sa'ar kakata zan kira gatsal? Na ci gaba da Mama. Ta gyara min sau uku, ta gaji ta sallama.

A hankali, da biskit da shayin filas, na ji tarihinta. A Manchester aka haife ta, mahaifiyarta ma'aikaciyar masaƙa ce, har ta rasu kunnenta ɗaya ba ya ji saboda ƙarar injin. Ita kuma ta yi shekaru tana koyar da tarihi a sakandare, yara suna barci a gabanta. Wata rana ta bar littafin aji ta fara ba su labarin wata mai wanki a gidan sarki wadda ta ƙirƙiro a tsaye, sai ta ga har na bayan aji sun ɗago kai. Daga nan ta kama rubutu a teburin kicin, da asuba, kafin 'ya'yanta su tashi. Ta haura arba'in kafin littafinta na farko ya fito. Akwai lokacin da take tashe, ana layi ta sa hannu. Yanzu kuwa ta ce masu karatunta rabi sun mutu, rabi sun manta inda suka ajiye tabarau.

Yadda take aiki kuwa, sai dai a ce Allah ya shirya. Kowane mutum a littafinta yana da kati: abin da yake ci, abin da yake tsoro, haƙoransa nawa suka rage. Ta taɓa kashe wutar gidanta sati guda tana kunna kyandir ɗin kitse don ta ji warin. Ta taɓa ɗaure cikinta da rigar ƙashin nan ta matan da ta hau bene, ta sume a matakala ta tara, ta farfaɗo ta rubuta yadda suman yake. Na ce Mama wannan ai ba rubutu ba ne, neman suna ne a asibiti.

Littafin da take kai a lokacin labarin bandir ɗin yadin akoko ne guda ɗaya. An saƙa shi a Manchester shekara ɗari da wani abu da suka wuce, ya hau jirgin ruwa, ya sauka Tarabulus, ya hau raƙumi, ya ƙetare hamada, hannu zuwa hannu, kowane babi da mai riƙe da shi. Babi na tara ya iso wani gari, gidan wasu marina za su rina shi da baba.

"Wane gari, Mama?"

"Ba lallai ki san shi ba. Kano."

Wayyo ni da bakina. Na daki ƙirji na ce, "Mama ai cikin badala aka yanke min cibi!"

Filas ɗin ya kusa kifewa. Ta ce shekara biyu tana karanta abin da matafiya Turawa suka rubuta, ba ta taɓa zama da ɗan garin ba. Ta zaro babin daga jaka, shafi ashirin da biyu, ta damƙa min da hannu biyu, ta ce in duba mata kowane layi.

Ranar Asabar da rana na baje shi a kicin. Ƙawata da muke gida ɗaya, Bazazzagiya ce mai karatun lauya, tana soya albasa, ni ina karantowa ina mayar mata da Hausa. Turancin dai zuma, wallahi har ƙamshin baba nake ji. Amma abin da ke ciki!

Shafin farko, matar gida ta leƙo zaure ta ƙwala wa mijinta kira da sunansa na yanka, a gaban baƙi. Shafi na uku, baƙo ya faɗo tsakar gida babu sallama, ya ce "sannu" guda ɗaya tak, ya shiga cinikin tufa. Can gaba, matar ta naɗe zani ta tafi karofi ta shiga tsakiyar maza tana tsoma tufa a rami. Ta dawo ta zauna da surukinta, uban mijinta fa, suna cin tuwo kwano ɗaya, har tana tsokanarsa wai ya cika loma. Ta miƙa masa goro da hagu saboda damanta da shuni.

Ƙawata ta kashe gas ta zauna a ƙasa. "Ke dakata, cikina. Wannan Kanon ta ina ake shigar ta?"

Ƙarshen babin kuma shi ne wurin da aka shirya mai karatu zai yi kuka. Ɗan farin matar zai bi ayari zuwa arewa. Uwar ta biyo shi da gudu har ƙofar gari, tana kiran sunansa sau uku, ta rungume shi ta sumbace shi a goshi, madugu na kallo.

"Ɗan fari?" in ji ƙawata. "Ta kira sunansa? A ƙofar gari? Ke, kira min motar asibiti."

Ranar Talata na shiga laburare da niyya. Na haddace jawabina tun a hanya. Mama ta hango ni ta miƙe tsaye, idonta na ƙyalli kamar yarinyar da ta kawo sakamakon jarrabawa.

"To? Ya kika gani?"

Na kalli farin gashin nan. Na kalli rigar sanyi biyu. Na ji muryar mahaifiyata a ƙeyata tana cewa babba ba ya kuskure a bakin yaro. Na buɗe baki, abin da ya fito shi ne, "Very nice, Mama."

"Babu gyara ko ɗaya?"

"Very, very nice."

Ta riƙe hannuna ta ce ta ji daɗi har ranta. Ta ce ƙarshen wata za ta miƙa littafin, kuma za ta rubuta a shafin godiya, da cikakken sunana, cewa 'yar asalin Kano ta karanta babin nan layi-layi ta tabbatar haka rayuwar take.

Nan ido ya raina fata. Ku gane, ba mu da yawa a ƙasar nan, kuma kowa ya san kowa. Antocinmu na Aston kaɗai sun ishe ni, matan da ko takardar council, wato hukumar gari, aka turo sai sun karanta ta a group sun yi sharhi. Littafi kuma ba status ba ne da zai goge bayan kwana ɗaya. Jikokina sai sun gani: kakarku ce ta sa hannu a kan mata ta ci tuwo da surukinta.

Ƙawata ta ce, "Ki gaya mata mana. Baturiya ce, su gyara ba ya musu ciwo."

"Ni ce zai yi wa ciwo."

"To shi ke nan. Ni dai kwafi goma zan saya in kai Zariya, a ga yadda Kanawa suka san garinsu."

Na gwada dabaru, kar ku ce ban gwada ba. Na farko na bi ta gefe. Na ce, "Mama, a gidanmu dai mace ba ta kiran sunan miji, amma Kano da faɗi." Duk ɗan Hausa ya ji wannan ya san an ce masa ya yi kwaɓa. Mama ta ciro kati ta rubuta cewa al'ada ta bambanta daga gida zuwa gida, ta yi min godiya. Na biyu na ɗauki fensir na ɗiga ɗan ɗigo a gefen duk inda aka yi ɓarna, ɗigo talatin da huɗu, na mayar mata ban ce komai ba. Ta duba ta duba, ta ɗago tana murmushi.

"Wuraren da suka fi burge ki ne?"

"Eh, Mama."

Saura kwana goma sha biyu. Ina kwance ina kallon silin sai ƙawata ta leƙo da burushi a baki ta ce, "Wai ke a gidanku in babba ya yi ba daidai ba ya ake yi?"

"Babba ake samowa ya gaya masa."

Muka kalli juna.

Ina da Gwaggo a Manchester, yayar babana. Ta zo aikin gwiwa, tana zaune gidan ɗanta, yayanmu Likita. Shekara arba'in ta yi tana aure a gidan marina, kuma tunda Allah ya yi ta ba ta taɓa tauna magana ba. Na kira ta. Sai da muka gama gaisuwa, ta tambaye ni ko ina cin abinci, ta ce ƙarya nake, sannan na shigar da ƙara.

"Gwaggo, wata tsohuwa ce ta yi ɓaranɓarama, na kasa gaya mata."

"Shekarunta nawa?"

"Za ta yi saba'in da biyar."

"Yarinya ce. Kawo min ita."

Na ce wa Mama Gwaggona na gayyatar ta cin abinci. Murna kamar ta taka rawa. Ranar Asabar muka hau doguwar bas, ita da kwalin takalmi ɗaya a cinya, ni da addu'a a baki. Da muka shiga Manchester ta nuna min wani jan gini mai dogon bututu, ta ce nan mahaifiyarta ta yi aiki. Yanzu an mayar da shi flat-flat na 'yan gayu, ta ce ko bayin gidan ba za ta iya haya ba.

Gwaggo na zaune a falo, ƙafa a kan filo, an ci ado kamar za a je ɗaurin aure. Ta kalli Mama sama da ƙasa ta ce, "Wannan ba a ba ta abinci ne?" Sannan ta fara gaisuwa, ni ina juyawa.

"Ya hanya?"

Mama ta ba da labarin hanya, har da inda aka tsaya gyaran titi.

"Ya maigida?"

Mama ta ce ya rasu shekara shida da suka wuce, ta faɗi ciwon, ta faɗi asibitin.

"Allah sarki. Ya yara?"

Mama ta ce babban yana Ostareliya ba ya kiran waya, ƙaramar ta rabu da mijinta.

Gwaggo ta juyo gare ni. "Ke, ba a koya musu lafiya lau ba ne? Ni gaisuwa nake, ita tana ba ni labarin duniya."

Amma da aka zo kan gwiwa sai jini ya haɗu. Kowacce ta yaye ta nuna tata, suna gwada tabo, babu mai neman tafinta. Aka kawo tuwo miyar kuka da man shanu. Mama ta wanke hannu ta ci, Gwaggo ta ƙara, ta ci, Gwaggo ta ƙara, har Mama ta fara kallona da idon neman ceto.

Ana cikin haka aka kira Yaya Likita daga asibiti, ya zari makulli ya fita. Matarsa kuma ta kwashi yara zuwa Islamiyya. Ƙofa ta rufe. Falo ya rage mu uku. Gwaggo ta gyara zama ta ce, "To karanto min shirmen."

A nan ne na gano ramin da ke cikin dabarata. Sati guda ina shirya wannan tafiya, ni mai karatun injiniya, ban taɓa tambayar kaina da wane baki Gwaggo za ta yi wa Mama gyaran ba. Bakina ne dai. Na sha hanya tun daga Birmingham don in guje wa magana, na zo na tarar da ita tana jirana a falo.

Na fara karantawa ina juyawa. Ina zuwa wurin kiran sunan miji Gwaggo ta tafa hannu.

"La'ilaha illallahu! A zaure? Gaban baƙi? Wace 'yar marasa kunyar ce wannan? Gaya mata ko mahaukaciyar unguwa ba ta yi haka ba!"

Mama ta matso da fensir. "Me ta ce?"

"Ta ce matar tana da ƙarfin hali."

Na ci gaba. Karofi. Gwaggo ta daki hannun kujera.

"Mace a bakin rami? Shekara arba'in ina gidan marina, ƙafata ba ta taɓa taka karofi ba! Mu namu ɗaurin zane ne a cikin gida, mu ƙulla, yara su kai, maza su tsoma. Wa ya gaya mata wannan ƙaryar? Ko a mafarki ta gani bayan ta ci wake?"

"Me ta ce?"

"Ta ce kina da zurfin tunani."

Da aka zo kan tuwo da suruki haƙurin Gwaggo ya ƙare. Ta cire tabarau, ta ajiye, ta ɗaga hannu sama, ta yi salati mai tsawo, ta kawo tarihin yadda ta shekara goma sha biyu ba ta bari surukinta ya ga tana tauna ko gyaɗa ba, yadda ta taɓa ɓuya bayan rumbu da ɗanwake a baki har ya gama alwala ya fita.

"Me ta ce?"

"Ta ce... very nice."

Mama ta ajiye fensir. Ta dube ni ta saman tabarau, irin kallon malaman makaranta.

"'Yata, ban iya Hausa ba, amma aikina ke nan kallon mutane. Matar nan ta yi minti biyar tana magana, ta daki kujera, ta kira sunan Allah. Ke kin ba ni kalma biyu."



Sai ta buɗe jakarta, ta zaro wata tsohuwar wasiƙa da ta sha ninki har ta kusa rabewa. Ta ce a littafinta na farko ta sa mai wankin gidan sarki tana feraye dankali. Littafi ya fito, aka yaba, ta yi ta shan ƙamshi. Sai wani tsoho ya aiko mata da wannan, layi biyu kacal, yana sanar da ita cewa a zamanin wannan sarkin dankali bai ma iso Ingila ba tukuna. Jama'a, ashe dankalin Turawa ma baƙo ne a wajen Turawa! Ta ce abin da ya fi ƙona mata rai, akwai ƙawarta malamar tarihi da ta karanta littafin tun kafin a buga, ta ga dankalin, ta yi shiru don kar ta ɓata mata rai.

"Shekara talatin da ɗaya wasiƙar nan tana jakata," in ji ta. "Tsohon nan na yafe masa tun a ranar. Ƙawar tawa ce har yau in na ga dankali sai na tuna ta. To gaya min, dankali nawa ne a babin nan?"

Na ce, "Talatin da huɗu, Mama."

"Ɗigon nan?"

"Ɗigon nan."

Ta fashe da dariya har da riƙe ciki. Gwaggo ta ce, "Me kika ce mata?" Na ce na gaya mata gaskiya. Gwaggo ta ce, "Sai yanzu? To da me kike ta faɗa tun ɗazu?" Na sha ranƙwashi a gaban baƙuwa, da girmana da scholarship ɗina.

Daga nan fa bakina ya ɓalle. Gwaggo na faɗa ina juyawa babu tacewa, har da waken. Mama na rubutu kamar injin, kati na tashi. Gwaggo ta sa na miƙe na nuna yadda ake shiga gida, na fita waje na yi sallama sau uku a ƙofar falo, maƙwabci yana leƙe ta taga. Ta sa aka ƙara wa matar littafin ƙiba, wai matar babban marini ba za ta zama siririya ba, zagin mijin ne. Mama ta ce ta yarda.

Sai muka iso ƙarshen babin, uwa da ɗan fari a ƙofar gari. Na karanta. Gwaggo ta ce a taƙaice, "A cire."

Nan Mama ta tirje. Ta ce wannan ne zuciyar babin gaba ɗaya, wata uku ta yi tana gyara shi. Wace uwa ce ɗanta zai shiga hamada ba ta kira sunansa ba? Na yi mata bayanin kunyar ɗan fari, cewa uwa ba ta faɗin sunansa, ba ta wasa da shi a gaban mutane, ba ta nuna ta damu. Ta girgiza kai, ta ce wannan a takarda ne kawai, a zuci ba zai yiwu ba. Sai ta juya ga Gwaggo ta ce in tambaye ta, likitan nan da ya fita ɗazu, ya sunansa?

Na ce, "Mama ba a..."

"Tambaye ta."

Na tambaya, ina ja da baya saboda ranƙwashi. Yaya Likita shi ne ɗan farin Gwaggo, mutum mai furfura a gemu. Gwaggo ta ja mayafi ta rufe rabin fuska, ta juya ta kalli bango, ta ce in miƙo mata rimot. Talabijin ɗin ma a kashe take.

Mama ta dubi Gwaggo. Can ta ce a hankali, "To ranar da ya baro gida zai taho ƙasar nan, me ta yi?"

Gwaggo ta daɗe tana juya rimot a hannu. Sannan ta ce, ba tare da ta kalle mu ba, "Me zan yi? Mutane suka raka shi filin jirgi, ni ina da aiki. Na ƙulla yaji a leda na ba ƙanwarsa na ce a ba wancan. Na koma na ci gaba da daka. Barkonon shekarar nan kuwa akwai zafi, har la'asar idona bai daina ruwa ba."

Na juya mata shi da Turanci. Mama ba ta rubuta komai ba. Ta zaro shafuka biyun ƙarshe daga babin, ta ninke su ta tura ƙasan jaka. Gwaggo ta ce, "Ke tambaye ta ko za ta ƙara tuwo."

Mama ta roƙi masu buga littafin su ƙara mata sati uku, suka yi ƙunƙuni suka ba ta. Sati ukun nan ban huta ba. Ta koyi tura saƙo a waya saboda ni, da manyan baƙaƙe take rubutawa kamar tana min faɗa. Da me ake ɗaure bakin zani? Mace za ta iya dariya a gaban wan mijinta? Ni in kira Gwaggo, Gwaggo ta ce wannan Baturiya ta cika tambaya kamar 'yar sanda, sannan ta yi awa guda tana amsawa. Sau biyu na ce wa Mama "wannan ba daidai ba ne" da bakina, ido cikin ido, kuma ƙasa ba ta tsage ba. Na dai rusuna kafin in faɗa.

Ɗazu a tsaye a bakin ƙofa na karanta babi na tara, da kayan barci a jikina. Yaron ya bi ayari, uwar tana tsakar gida tana daka. Sunansa bai fito daga bakinta ba ko sau ɗaya. Na kira Gwaggo na ce sunanta ya fito a littafin Turawa, ta ce to a aiko mata da nata kwafin, kuma a gaya wa yarinyar nan ta riƙa cin abinci.

Bas ɗina ta kusa tsayawa, lakca nake da ita kuma ban yi karatun ba. Mai son sunan littafin ya same ni ta inbox. Don Allah ku tura wannan gaba, a duk group ɗin da kuke, musamman ga 'yan uwanmu ɗalibai sababbin zuwa.